Yahudawa da Kiristoci: Abokai ne ko Abokan Gaba?

"Assalamu alaikum Malam. Akwai abin da ya daɗe yana ɗaure mini kai. Mun karanta cewa Turawa Kiristoci ne suka yi ta korar Yahudawa da kashe su, har aka zo kan abin da Hitler ya yi. Amma yau idan ka saurari labarai, babu wanda ya kai Kiristocin Amurka goyon bayan Isra'ila, har a nan gida ina ganin wasu maƙwabtanmu Kiristoci da tutar Isra'ila a jikin mota. Kuma an ce shi kansa Annabi Isa a cikin Yahudawa aka haife shi. To abokai ne ko abokan gaba? Me ya haɗa su, me ya raba su?" Daga wani mai karatu a Kaduna.

Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. In na fahimce ka, abin da ke damunka shi ne yadda aka yi mutanen da suka shafe ɗaruruwan shekaru suna korar Yahudawa daga gari zuwa gari, yau wasu daga cikin jikokinsu ne ke tsaya musu tsayin daka. Kafin in shiga, ka sani aikina koyar da tarihin addinai ne, ba wa'azi ba, don haka zan kawo abin da kowane ɓangare ya ce game da kansa ba tare da na yanke hukuncin wa ke kan gaskiya ba. Musulmi sun yi imani ba a gicciye Annabi Isa ba, amma a nan dole in bi ruwayar Kiristoci, domin a kanta aka gina zargin da ya ci rayuka masu ɗimbin yawa.

Asalin abin rigimar gado ce. Ka san halin 'yan uba. Wanda ba ku haɗa komai da shi ba, ba ruwanka da gonarsa. Wanda kuke kallon gona ɗaya, kowa na cewa shi uba ya bar wa, da shi ake jan daga har jikoki. Gonar a nan ita ce alkawarin da Allah ya yi wa Annabi Ibrahim da littattafan annabawan Bani Isra'ila. Alƙur'ani ma ya kawo wannan a Baƙara aya ta 113, inda kowane ɓangare ke cewa ɗayan ba a kan komai yake ba, alhali dukkansu littafi suke karantawa.

Yadda gidan ya tsage

Yesu, kamar yadda Kiristoci ke kiransa, an yi masa kaciya rana ta takwas, yana zuwa Haikali, babban ɗakin ibadar Yahudawa, a Ƙudus lokacin idi, yana karatu a majami'a ran Asabar. Bitrus da Yakubu da Bulus duk Yahudawa ne. Da farko masu binsa ƙungiya ce kawai a cikin ƙungiyoyin Yahudawa, kamar Farisiyawa da Sadukiyawa, sai dai su sun ce Almasihun da ake jira ya riga ya zo. Yawancin 'yan'uwansu suka ce ina! Almasihu zai tattaro Bani Isra'ila ne, ya kawar da azzalumai, ya shimfiɗa zaman lafiya, ga kuwa Rumawa nan daram ba su motsa ba.

Tsagewar farko ta zo ne ta kan baƙi. Wajen shekara ta 49 Miladiyya manzannin suka zauna a Ƙudus, kamar yadda sura ta 15 ta Ayyukan Manzanni ta kawo, suka yarda cewa Bagirke ko Barume zai iya bin Yesu ba sai an yi masa kaciya ko an ɗora masa dukkan shari'ar Annabi Musa ba. Ƙofa ta buɗe, kuma ba a daɗe ba baƙin suka rinjayi 'yan gida.

Yaƙi ya ƙarasa sauran. Yahudawa sun yi wa Rum tawaye a 66, a 70 kwamandan Rumawa Titus ya rushe Haikali. Sarki Besfasiyan ya ɗora wa kowane Bayahude harajin dirhami biyu a shekara, ana kai kuɗin ga ɗakin gunkin Jufita a Rum. Daga nan tambayar wane ne Bayahude ta zama maganar mai karɓar haraji, kuma Kirista ya sami dalilin cewa shi ba ya ciki. A tawaye na biyu, daga 132 zuwa 135, wasu manyan malamai sun ɗauki jagoran, Bar Kokba, a matsayin Almasihu. Mai bin Yesu ba shi da yadda zai yi ya shiga wannan rundunar. Kiristoci kuma suka fassara rushewar Haikali da cewa hukuncin Allah ne, gadon ya dawo hannunsu, su ne Isra'ila ta gaskiya.

Akwai abin da nake yawan nanata wa ɗalibai a nan. Zafafan kalaman da ke cikin Linjila a kan shugabannin Yahudawa faɗan cikin gida ne, Bayahude na yi wa Bayahude, irin wanda Ishaya da Irmiya suka saba yi wa mutanensu. Da kalaman suka faɗa hannun wanda ba ɗan gidan ba, sai suka koma takardar tuhumar al'umma guda. Gicciyewa hukuncin Rumawa ne, gwamna Bilatus ne ke da ikon zartar da shi, amma a hankali aka wanke Bilatus aka jibge laifin a kan Yahudawa, ana kafa hujja da Matiyu 27:25, inda taron jama'a suka ɗauki alhakin jinin a kansu da 'ya'yansu. Kafin ƙarni na biyu ya ƙare, wani bishop mai suna Melito na Sardis ya fito ƙarara yana zarginsu da kashe Ubangiji. Amma da wani malamin Kirista, Markiyon, ya ce to a jefar da Tsohon Alkawari, wato littattafan Yahudawa da ke cikin Littafi Mai Tsarki, gaba ɗaya, sai cocin Rum ta kore shi wajen shekara ta 144. Cocin ba ta iya rabuwa da littafin, kuma ba ta yarda da yadda masu littafin ke karanta shi ba. Duk abin da ya biyo baya daga wannan ƙulli ya fito.

Kada ka ɗauka talakawa sun rabu da wuri kamar yadda malamansu suka so. A 386 da 387 wani babban mai wa'azin coci, John Chrysostom, ya yi huɗubobi takwas a Antakiya yana zagin Yahudawa zagi na fitar hankali, kuma dalilinsa shi ne 'yan cocinsa ba su daina zuwa majami'ar Yahudawa ran idi ba. Shi da bakinsa ya ba da labarin wani Kirista da ya ga yana jan wata mata zuwa can don ta yi rantsuwa, wai rantsuwar can ta fi kamawa. Shekaru sama da ɗari uku bayan Yesu ke nan. Shi ya sa masana har yau suke jayayya kan yaushe ne za a ce an rabu, wasu su ce 70, wasu 135, wasu su ce sai ƙarni na huɗu.

Da mulki ya shigo

Muddin dukkansu suna ƙarƙashin Rumawa masu bautar gumaka, cacar baki ce kawai, kuma Yahudawa ma ba su raga ba. Abin ya sauya ne bayan Sarkin Rum Konstantin ya halatta Kiristanci a 313, taron Nikiya na 325 ya nemi a daina bin lissafin Yahudawa wajen sa ranar Ista, sannan Sarki Tiyodosiyus ya mai da Kiristanci addinin daula a 380. A 388 wasu Kiristoci suka ƙone majami'ar Yahudawa a Kalinikum, bakin kogin Furat. Sarki ya ce a sake gina ta, Bishop Ambros na Milan ya tsaya kai da fata har sarkin ya janye.

Wanda ya shata iyakar da Turai ta bi kusan shekaru dubu ɗan Afirka ne, Agustin, bishop ɗin Hippo, wato Annaba ta Aljeriya a yau. Ya ɗauko ayar Zabura ta 59 mai cewa kada a kashe su, a dai warwatsa su, ya ce Yahudawa shaidu ne. Su ke riƙe da littattafan da suka yi annabcin Yesu, don haka ba wanda zai ce Kiristoci ne suka ƙirƙira, kuma ƙasƙancinsu hujja ce a kan sakamakon ƙin gaskiya. A bar su da rai, amma kada su ɗaga kai. Wannan koyarwa ta kare su, ta kuma danne su a lokaci guda. Fafaroma bayan Fafaroma sun yi ta fitar da takardun hana kashe su ko yi musu baftisma dole, tare da tabbatar da cewa suna ƙasa.

Idan na zo nan a aji, hoton wasu sassaƙe biyu nake nunawa, na ƙofar babbar cocin Strasbourg, aikin wajen 1230. Mata biyu ne, dukkansu kyawawa, kai ka ce uwa ɗaya ta haife su. Ɗaya, mai wakiltar coci, da kambi a ka, gicciye a hannu ɗaya, ƙoƙon jibi a ɗayan, tana tsaye a miƙe. Ɗayar, mai wakiltar Yahudanci, an ɗaure mata ido da ƙyalle, kanta a sunkuye, mashinta a karye, allon shari'a yana shirin suɓucewa daga hannunta. Manomin da bai iya karatu ba, wannan yake gani duk Lahadi, ba ya buƙatar a yi masa tafsiri.

Jini ya fara kwarara sosai a 1096. Gungun 'yan Salibiyya da suka nufi Ƙudus suka ce me zai kai su nesa ga maƙiyan Almasihu a ƙofar gida, suka faɗa wa Yahudawan Worms da Mainz da Cologne a bakin kogin Rhine. Wasu bishop-bishop sun ɓoye su a gidajensu, na Speyer ya yi nasara, na Mainz bai yi ba. A 1144 aka tsinci gawar wani yaro William a Norwich ta Ingila, daga nan aka ƙago ƙaryar cewa Yahudawa na yanka yaran Kiristoci don ibada. Fafaroma Innocent na Huɗu ya ƙaryata wannan a 1247, amma ƙarya ta riga ta yi fiffike. Babban taron coci na Lateran a 1215 ya ce Yahudawa da Musulmi su sa tufafin da zai bambanta su. A 1242 aka ƙone Talmud, littafin malaman Yahudawa, amalanke bayan amalanke a Paris. Da annobar 1348 ta zo aka ce sun zuba guba a rijiyoyi, Fafaroma Clement na Shida ya ce ai su ma mutuwa suke yi, duk da haka aka ƙone su a Strasbourg a watan Fabrairun 1349.

Ba addini kaɗai ba ne, kuma abin da ya faru a York ta Ingila a watan Maris na 1190 ya fi komai nuna haka. Coci ta haramta wa Kirista cin riba daga Kirista, an rufe wa Yahudawa ƙofar yawancin sana'o'i da mallakar gona a wurare da dama, sai wasunsu suka koma ba da bashi da ruwa, sarki kuma yana tatsar su yadda ya ga dama tunda a doka dukiyarsa ne. A York aka yi musu ƙawanya a cikin ganuwar sarki, mutum kusan 150. Da yawa suka kashe kansu da iyalansu don kada su faɗa hannu. Waɗanda suka fito bisa alkawarin za a yi musu baftisma a bar su, aka karkashe su a bakin ƙofa. Da aka gama, jagororin, waɗanda manyan gari ne da bashi ya yi wa katutu, suka wuce kai tsaye babbar cocin garin inda ake ajiye takardun bashi, suka cinna musu wuta. Ka riƙe wannan duk lokacin da ka ji ana cewa Yahudawa su ne masu kuɗin duniya tun fil azal. Yawancinsu talakawa ne, manyan bankunan wancan zamani kuwa na Kiristocin Italiya ne.

Sai kora: Ingila a 1290, Faransa a 1306 da 1394, Sifaniya a 1492. A Sifaniya wani sabon abu ya ɓullo. Dubbai sun karɓi baftisma bayan tarzomar da aka yi wa Yahudawa a 1391, amma a 1449 birnin Toledo ya kafa dokar tsarkin jini, wadda ta hana ko wanda ya zama Kirista riƙe muƙami idan asalinsa Bayahude ne. Da can ruwan baftisma yana wanke komai. Yanzu an ce matsalar a jini take.

Da yawa daga korarrun ƙasashen Musulmi suka nufa, Sarkin Musulmin Turkiyya Bayazid na Biyu ya karɓe su, har Salonika ta zama babban garinsu. A dunƙule zamansu a can ya fi na Turai sauƙi, amma kada mu yi wa kanmu daɗin baki. Babban malamin Yahudawa Maimonides ya gudu daga Ƙurɗuba ne saboda daular Musulmi ta Muwahhidun, kuma Shehu Magili, wanda ya zo Kano zamanin Muhammadu Rumfa, shi ne ya jagoranci rushe majami'ar Yahudawan Tuwat, a Saharar Aljeriya ta yau, a daidai wannan zamanin.

Martin Luther, Bajamushen da ya ɓalle daga Katolika ya assasa tafarkin Furotesta, ya fara da lallashi a 1523, yana tunatar da mutane cewa Bayahude aka haifi Yesu, da fatan za su bi shi. Da ba su bi ba, a 1543 ya rubuta cewa a ƙone majami'unsu a ƙwace littattafansu. Katolika kuwa, Fafaroma Paul na Huɗu ya kulle Yahudawan Rum a unguwa mai ƙofa a 1555, abin da bai kau gaba ɗaya ba sai 1870.

Daga Hitler zuwa neman gafara

Faransa ta ba Yahudawa 'yancin zama 'yan ƙasa a 1791, sauran ƙasashe suka biyo a hankali. Ƙiyayyar ba ta mutu ba, riga ta sauya, ta koma ta launin fata da jinsi. Tambayar da masana suka fi kai ruwa rana a kanta ita ce ko koyarwar coci ce ta haifi kisan Yahudawa miliyan shida. Ra'ayina shi ne ba ita ta haife shi ba, amma ita ta share masa fili. 'Yan Nazi ba ruwansu da baftisma: Edith Stein Bayahudiya ce da ta zama Katolika har ta shiga gidan mata masu zaman zuhudu, duk da haka a Auschwitz, sansanin kisa na 'yan Nazi, ta mutu a 1942. Wannan ya saɓa wa Agustin kai tsaye. Sai dai alamar da ake maƙalawa a riga, da unguwar kulle, da ƙona littattafai, ba wanda 'yan Nazi suka ƙirƙira. Julius Streicher, mai jaridar ɓatancinsu, ya faɗa a kotun Nuremberg, inda aka gurfanar da shugabannin Nazi, cewa da Luther na raye shi ma da yana cikin akwatin waɗanda ake tuhuma. An sami Kiristocin da suka sayar da rai, kamar Fasto André Trocmé da mutanen ƙauyen Le Chambon a Faransa da suka ɓoye dubban mutane. Mafi yawa dai shiru suka yi.

Wani malamin tarihi Bafaranshe Bayahude, Jules Isaac, wanda aka kashe matarsa da 'yarsa a Auschwitz, ya duƙufa yana bin diddigin abin da ya kira koyarwar raini. Ya gana da Fafaroma John na 23 a 1960, kuma daga wannan ganawa aka ɗauko zaren da ya kai ga takardar babban taron cocin Katolika mai suna Nostra Aetate ta 28 ga Oktoban 1965, wadda bishop 2,221 suka amince da ita, 88 suka ƙi. Ta ce ba za a ɗora mutuwar Yesu a kan dukkan Yahudawan wancan lokaci ba, balle na yau, kuma kada a nuna su a matsayin la'anannu. Bishop-bishop na ƙasashen Larabawa sun ji tsoron a ɗauke ta a matsayin goyon bayan Isra'ila, wannan na cikin dalilan da aka faɗaɗa ta har ta yi maganar girmamawa a kan Musulmi. John Paul na Biyu ya shiga babbar majami'ar Yahudawan Rum a 1986 ya kira su yayye. Cocin Lutheran mafi girma a Amurka ta barranta daga kalaman Luther a 1994.

Tutar da ke jikin motar

Wannan sulhu na Katolika ba shi ne ya haifi abin da kake gani a Amurka ba, kuma a nan mutane suka fi ruɗewa. Da Theodor Herzl, jagoran Sahayoniya masu neman kafa ƙasar Yahudawa, ya nemi goyon bayan Fafaroma Pius na Goma a 1904, ƙi ya yi. Fadar Batikan ba ta ƙulla yarjejeniya da Isra'ila ba sai ƙarshen 1993, a 2015 kuma ta sa hannu a wata da ƙasar Falasɗinu.

Na Amurka jijiyarsa daban ce. A ƙarni na 19 wani mai wa'azi, John Nelson Darby, ya koyar da cewa alkawarin ƙasa da Allah ya yi wa Bani Isra'ila yana nan bai koma kan coci ba, kuma komawarsu Falasɗinu na cikin alamun dawowar Yesu. William Blackstone ya kai wa shugaban Amurka takardar koke a kan haka a 1891, shekaru shida kafin taron Sahayoniya na farko a Basel. Littafi Mai Tsarki mai sharhin Scofield na 1909 ya shigar da wannan fahimta gidaje barkatai. Da aka kafa Isra'ila a 1948, sannan ta kama gabashin Ƙudus a 1967, sai suka ce ga annabci yana cika a idonsu. Ayar da za ka fi ji a bakinsu ita ce Farawa 12:3, cewa Allah zai sa wa wanda ya sa wa Ibrahim albarka, ya la'anci wanda ya la'ance shi. Wannan karatu ya iso mana ta hannun masu bishara da littattafai da tashoshin talabijin na coci, ziyarar ibada kuma ta ƙarfafa shi, musamman bayan an kafa hukumar ziyarar Kiristoci ta ƙasa a 2007. Mai yiwuwa maƙwabcinka ba siyasa yake nufi ba, albarkar wannan aya yake nema.

A karatuna, wannan ƙauna da waccan ƙiyayya ba su yi nisa da juna kamar yadda ake zato ba. A wajen Agustin Bayahude shaida ne da dole ya warwatsu, a wajen Darby alama ce da dole ta tattaru. A duka biyun an ba shi matsayi ne a cikin labarin wani. Yahudawa da dama sun gane haka, suna karɓar goyon bayan amma da ɗari-ɗari, tunda a ƙarshen labarin ana sa ran su karɓi Yesu ne. Kuma ba dukkan Kiristoci ke kan wannan ba. Kiristocin Baitalami da Gaza Falasɗinawa ne, malaman cocinsu sun fitar da takardar Kairos a 2009 suna sukar masu kafa hujja da Littafi Mai Tsarki don ƙwace musu ƙasa. Ɗalibaina Kiristoci kan yi mamaki idan suka ji Kiristoci ba su wuce kashi 2 cikin 100 na mutanen Isra'ila ba, kuma mafi yawansu Larabawa ne. Ɗalibaina Musulmi kuma mamakinsu shi ne jin cewa Yahudu da Nasara, da ake ambata a numfashi ɗaya, sun fi daɗewa suna gaba fiye da abota.

Duk abin da na kawo ya fi karkata ga yammacin Turai da Amurka, domin nan ne fagen karatuna, kuma wasu babukan ba a rufe su ba. Takardun zamanin Fafaroma Pius na 12, wanda ake zargi da yin shiru lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, sai a watan Maris na 2020 aka buɗe wa masu bincike, har yanzu ana kan tona su. Cocin Rasha da na Girka tasu hanyar daban ce. Ta Habasha kuwa ta fi kowacce bambanta: cocinsu na Orthodox na yin kaciya, ba sa cin alade, suna girmama Asabar, sarakunansu kuma suna jingina asalinsu ga Annabi Sulaiman. Duk da haka Yahudawan ƙasar, Beta Isra'el, sun daɗe ana hana su mallakar gona ana raina su a matsayin maƙera da maginan tukwane, har aka kwashe dubbansu zuwa Isra'ila ta Sudan a 1984, wasu kuma daga Addis Ababa a 1991.